Hita a Garin Zafi

Ruwan ya same mu ne bayan mun baro Jama'are, ni da matata Hajiya, muna dawowa daga gaisuwar rasuwa. Ruwan tsakiyar damina ne, irin wanda ba ya sallama. Na kunna waifa, na rage gudu, sai gilashin gaba ya fara gumi daga ciki. Wannan ba baƙon abu ba ne, kuma na san maganinsa tun ina saurayi: ka murɗa hita, ka tura iskar sama, kafin ka gama salati gilashi ya washe. Na murɗa. Maimakon ya washe, sai wani farin tururi ya taso ya lulluɓe shi kamar an buɗe madambaci. Hajiya ta kai gefen mayafinta tana gogewa, gogewar ta ƙara dama shi, don abin yana da maiƙo.

Ban ga shanun ba sai da na kusa shiga cikinsu. Na karya sitiyari, tayoyin dama suka sauka cikin taɓo, motar ta tsaya a karkace. Ba abin da ya sami kowa, ko jelar saniya ban taɓa ba. Makiyayin, wani dattijo mai malafa, ya leƙo ta taga ya tambaye ni da Fulatanci ko ba na gani ne. Na amsa masa da Fulatancin cewa motar ce ba ta gani. Ya yi dariya, ya kira 'yan uwansa suka tura mu muka hau kwalta. Hajiya ba ta yi dariya ba. Har muka shigo Azare carbinta kawai take ja.

Washegari babbar 'yarmu ta bugo waya. Ma'aikaciyar jinya ce a Bauchi. Sunan mahaifiyata ta ci, shi ya sa Uwata nake kiranta, ita kuma ta riƙe sunan da gaske. Bayan gaisuwa ta ce, "Baba, mun yi magana da ƙannena. Mun ga lokaci ya yi da za mu hutar da kai. Ranar Asabar ina tafe in sha Allah, zan zo da wanda zai riƙa tuƙa ka. Sai kuma a duba idon."

"Idona ƙalau, Uwata. Motar ce."

"To Baba. Allah ya kai mu Asabar ɗin."

Duk wanda ya tsufa a ƙasarmu ya san wannan hutarwa. A Romaniya, inda na yi karatun injinan noma, tsoho likita yake zuwa a gwada shi, ya ci ko ya faɗi, kuma in ya faɗi yana da wanda zai yi wa gardama. A Sudan, shekarun da na yi aiki a can, ƙyale tsoho ake yi da motarsa har ranar da katanga za ta ba shi shawara. Mu kuwa 'ya'yanka ne za su zo su durƙusa, su ce sun ɗauke maka wahala, maƙwabta su biyo baya suna yi maka murna, Allah ya yi wa yaran nan albarka. Ta ina za ka ƙi? Wanda ya ƙi girma shi ne ya yi abin kunya. Na ga an yi wa aminina haka. Yanzu kullum yana ƙofar gida a kan tabarma da hularsa a kai, yana jiran direban da ya tafi kai jikoki makaranta.

Ni ba zan iya ba. Hajiya ta sha cewa kamar na ci ƙafar kare. In na idar da sallar asuba na ji gidan ya yi mini ƙunci, sai in tayar da mota in nufi gonata a Shira, ko in je Katagum in gaida yayata in sha fura in juyo. Wani lokaci ba ni da wurin zuwa, tafiyar ce kawai. Wanda zai yi irin wannan tafiya da direba sai ya fara ƙirƙiro dalili.

Ina ajiye wayar na fita wajen motar. Na buɗe ƙofar gefen Hajiya, na ɗaga shimfiɗar ƙafa. Kafet ɗin a jiƙe yake sharkaf. Na danna yatsa na duba: ruwan kore-kore ne, yana da santsi, yana ƙanshin sukarin da ya ƙone. Nan take ƙanshin ya mayar da ni ɗakin ajiye motar wani tsoho da na yi haya a gidansa ina ɗalibi a Romaniya, wanda yake kwanciya a ƙarƙashin motarsa cikin ƙanƙara yana zaginta da harshensu, ni ina riƙe masa fitila ina koyon zagin. Na shafa gilashin daga ciki, yatsana ya fito da maiƙo. Na buɗe bonet, injin a sanyaye, na duba robar ruwa, ta yi ƙasa. Sai na tuna na jima ina ƙara ruwa, kuma ban taɓa ganin ɗigo a ƙasan motar ba. Ashe a ciki yake zuba. Hajiya ma ta taɓa ƙorafin takalminta na jiƙewa, muka ɗora laifin a kan damina.

A bayan dash, wato allon nan da ke gaban direba da fasinja, akwai wani ƙaramin lagireto da bai fi faɗin tafin hannu biyu ba. Ruwan zafi na inji yana shiga cikinsa ta tiyo ɗaya ya fita ta ɗaya, fanka tana hura iska a kansa, iskar ta fito da ɗumi. Hitar ke nan gaba ɗayanta. In ya huje, ruwan ya sauka a ƙafar fasinja, tururin ya hau gilashi. Na ji daɗin da ban ji irinsa ba da daɗewa. Ina da mai laifi.

Na tuƙa a hankali zuwa wurin bakanikena. Babarbare ne, tsarana, ni kuma jinin Fulani, don haka ba a gaisuwa tsakaninmu sai da tsiya. Yana zaune a gindin darbejiya ya hango ni.

"Bawana, an ce ka je kai wa danginka ziyara har cikin garke."

"Labari ya riga ni ke nan. Tashi ka yi wa ubangidanka aiki."

Ya sunkuya ya shinshina kafet ɗin, ya miƙe. "Wannan ai ba ciwo ba ne. In cire tiyo biyun nan in haɗe bakinsu, ruwa ya riƙa zagayawa bai shiga ciki ba. Kafin ka gama cin goro na gama. Duk motar da ka gani a garin nan haka aka yi mata. Wa ke neman hita a Azare? Allah ya kunna mana tasa kyauta."

"In ana ruwa gilashi ya yi gumi fa?"

"Hularka ta mece ce?"

Gaskiyarsa, haka ake yi. Motocin nan daga ƙasashen sanyi ake kawo mana su, kuma da zarar hitar ta yi tari sai a yi mata fiɗiya kamar ɗan akuya, a manta da ita. Direba ya tuƙa da hannu ɗaya, ɗayan yana goge gilashi da hula ko tsumma, ba wanda ya ɗauke shi komai. Amma ni ba tsayar da yoyo kaɗai nake nema ba. So nake ranar Asabar in riƙe abin da ya lalace a hannuna, in kuma sa Uwata a gefena ta ga gilashi yana washewa da idonta. In aka haɗe tiyo, me za ta gani? Tsoho yana goge gilashi da hula.

"To buɗe dash ɗin ka sa mini wani."

"Ni? Wanda ya buɗe dash ba ya mayar da shi yadda yake. Sai ya yi ta kaɗa maka caki har ka sayar da motar, kullum kana tsine mini. Je ka yi kiwonka, Alhaji."

Na ce to ni zan yi. Ya dube ni daga hula har takalmi, sannan ya shiga rumfarsa ya fito da doguwar sukundireba da filaya mai lanƙwasasshen baki. "Riƙe. In ta kashe ka a aiko, in zo in ɗauki kayana."

Na ajiye motar a inuwar mangwaron tsakar gida. Na fara cire kan batir, saboda jakar iskar da ke cikin dash, kada ta fashe mini a fuska. Na jira injin ya huce sosai, na tsiyaye ruwan cikin roba, na kife faranti a kai na ɗora dutse, don ruwan yana da zaƙi kuma guba ne, awakin Hajiya kuwa ba sa tambaya. Tiyo biyun suna shiga ta bangon da ya raba inji da cikin mota. Ƙarafan da suka matse su sun yi tsatsa, sai da na yi ta lallashinsu da mai kafin suka saki.

Ciki ne aikin yake. Na cire akwatin da ke gaban fasinja, na cire rediyo, na bi robobin ɗaya bayan ɗaya. Ranarmu ta gasa su shekara da shekaru, ka taɓa kunne ɗaya ya ɓalle a hannunka kamar ƙuli-ƙuli. Duk wayar da zan zare sai na ɗauki hotonta da wayar hannuna. Notuna kuwa a kwanon shan Hajiya na riƙa zuba su. Na kwanta rigingine a ƙasan motar, kaina a ƙarƙashin dash, ƙafafuna a waje. Wasu notunan ba na ganinsu sai dai in lalubo da yatsa, na ce duhun wurin ne. Bayana ya riƙe, zufa tana shiga idona, na fito na zagaya motar na koma, na sake fitowa. Abinci ma a tsaye na ci.

Hajiya ta zo wucewa da tsintsiya ta tsaya a kan ƙafafuna. "Alhaji, in ka maƙale a nan ba ni da ƙarfin jawo ka."

"Ki kira maƙwabta."

"Su zo su ga me? Da girmanka."

Allah ya taimake ni, a irin motata ba sai an sauke dash ɗin gaba ɗaya ba. Da na sassauta shi na ja baya kaɗan, sai ga baƙin akwatin roba da murfi a gefensa. Na kwance murfin, na ja ƙaramin lagireton ya fito kamar aljihun tebur, yana tsiyayar da sauran ruwansa a hannun rigata. Kusurwarsa ɗaya ta yi kore ta yi ɓawo. Na toshe baki ɗaya, na haɗa famfon keke a ɗayan, na nutsa shi a baho na hura. Kumfa ta taso a jere daga kusurwar nan. Na kira Hajiya ta gani.

"Na gani," in ji ta. "Amma ba ni ce mai karɓar makulli ba."

Na naɗe shi a leda na shiga gari. Shagunan kayan gyara na bi, kowa ya juya shi a hannu ya miƙo mini. Wani ya ce bai taɓa ganin wanda ya nemi wannan ba. Wani ya ce zai sa a aiko daga Kano, amma sai mako mai zuwa. Mako mai zuwa kuwa ni an riga an hutar da ni. Na tsaya a bakin titi, motata a gida cikinta a buɗe, Asabar tana matsowa, na fara tunanin ko in koma in ce wa Babarbare ya haɗe tiyon. Sai mai shagon ƙarshe ya biyo ni ya ce in gwada wajen masu zubin tukwane. Tunda ba mai saye, in an farke tsohuwar mota a kan awo ake haɗa su da tarkacen alminiyam a kai a narke.

Can bayan kasuwa na same su, cikin hayaƙin gawayi, ana ɗura narkakken ƙarfe a cikin ƙasa. A gefe ga tsibin tarkace: murafan inji, ƙafafun kujera, gwangwanaye, da ƙananan lagireto iri-iri a cakuɗe. A Jidda na taɓa ganin filin matattun motoci da ya fi unguwarmu girma, kowane abu a jere da lambarsa. Nan kuwa sai ka tattare riga ka tsuguna ka tona. Mai wurin ya ce, "Alhaji, ludayi za a zuba maka da shi ko tukunya?" Na ce yadda yake nake so. Ya kalli abokin aikinsa, suka bar ni da tonona.

Na sami 'yan kaɗan da suka yi daidai da nawa. Tunda an daɗe da kashe su, zanzaro ya yi gini a bakin bututunsu. Na kwashe su zuwa wurin mai faci a bakin hanya, muka tsokale ginin da waya, muka hura musu iska a cikin ruwan da yake gwada tayoyi. Na farko ya yi kumfa ta ko'ina. Na biyu ma haka. Sai wani mai lotsattsen gefe, wanda na kusa bari saboda muninsa, shi ne ya yi shiru a cikin ruwa. Na sa aka ƙara iska. Shiru.

A gida na yi ta ɗura masa ruwa ta baki ɗaya yana fita ta ɗayan, ja kamar ruwan kududdufi, har ya koma fari. Na sa sababbin zoben roba a bakin bututun, na yanko soso daga tsohuwar katifa na liƙa a gefensa don kada iska ta zille. Ranar Juma'a ce. Na bar aikin na je masallaci da baƙin mai a ƙarƙashin farce, kuma Allah ya yafe mini, rabin huɗubar ina lissafin wace waya ce ke shiga ina. Mayarwa ta fi cirewa wuya. Da na gama, notuna sun yi saura a kwanon, na rasa mazauninsu. Na haɗa tiyo, na zuba sabon ruwa, na mayar da kan batir. Na ɗora tayoyin gaba a kan tudun ƙofar gida, na tayar da inji da murfin ruwan a buɗe, hita a ƙure, ina matsa tiyon da hannu yana gyatsar iska, ina ƙara ruwa, har tiyo biyun suka yi zafi daidai. Na sa hannu a bakin iskar. Ɗumi, ba ƙanshi, ba tururi. Na leƙa ƙasa, ba ɗigo.

Uwata ta iso da hantsin Asabar, tare da wani magidanci mai natsuwa, ɗan uwan mijinta, wanda shi ne direban. Ta durƙusa ta gaishe ni. Ban bari ta sha ruwa ba na kawo baho da famfon keke na nuna mata kumfar. Ta karɓi abin ta juya shi kamar tana duba ciwo a ƙafar yaro.

"Wannan kam ya lalace, Baba."

"To kin gani. Bari hadari ya taso ki ga sauran."

Na wuni ina fita ina duban gabas. Bayan la'asar hadarin ya haɗo, baƙi ƙirin, iska ta fara kaɗa mangwaron. Na ce wa Uwata ta shiga mota. Direban ya miƙe, na ce ya zauna ya huta, shi ma ya ɗanɗana.

Muka ɗauki hanyar Katagum. Ruwan ya sauko tun muna cikin gari, gilashin ya yi gumi, na murɗa hita na tura iskar sama. Daga ƙasa ya fara washewa yana hawa, yadda ya kamata. Na dubi Uwata, ta gyaɗa kai. Amma akwai wani fari-fari da ya rage a tsakiya, daidai inda nake duban hanya. Na ƙara ƙarfin fanka. Bai tafi ba. Na ƙure ta. Motar ta zama kamar gidan burodi, zufa tana bin bayana, ina tafiya a hankali ina jiran wurin nan ya washe. Mun wuce gidajen ƙarshe, mun shiga gonaki.

"Baba," in ji Uwata a hankali. Na waiwaya, fuskarta sharkaf, hijabinta ya manne a goshi. Ta daɗe tana haƙuri. "Gilashin ya washe tun kafin mu fita gari."

"Saura nan tsakiya."

Na miƙa hannu na shafa wurin. A bushe yake, da ɗumi. Na kawar da kai gefe, farin ya bi ni. Na gangara gefen hanya na tsaya. Na rufe idon hagu, ga hanya, ga gero, ga wani mai keke ya rufa da buhu. Na rufe na dama, sai komai ya koma kamar ana dubansa ta cikin ruwan koko.

Uwata ta miƙa hannu ta kashe hitar, ta sauke tagarta kaɗan. Muka zauna ruwa yana dukan rufin.

"Yanar ido ce, Baba. Cirewa ake yi, kullum ana yi. Ba ta hana mutum komawa harkarsa."

"Amma abin nan ya huje da gaske."

"Ya huje. Kuma ka gyara shi."

"In an cire yanar fa?"

"In likita ya ce kana gani, ba ni da ta cewa."

"A gaban ƙannenki za ki maimaita."

"Zan maimaita."

Ba ta nemi makullin ba, yana jikin mota. Na daɗe ina riƙe da sitiyarin. Sannan na buɗe ƙofa na zagaya cikin ruwan, ita ta matsa ta zauna a mazaunina, ta juya mu gida.

Sharaɗi ɗaya na kafa, makulli a aljihuna zai riƙa kwana. In za a fita ni zan miƙa wa direba, in an dawo ya miƙo mini. Maƙwabta sun zo murna kamar yadda na sani. Na ce musu na ɗan lokaci ne, suka ce haka ne Alhaji, da irin muryar da na taɓa faɗa wa aminina haka ne.

Likita ya sami yanar a ido biyun, ta hagu ce ta fi kauri. An cire ta. Ta dama sai wancan ya gama warkewa, kuma sai bayan nan za a gwada ni. Direban mutumin kirki ne, yana kai ni asibiti, yana kai ni Katagum, ba ya tambayar dalili. Shira ce kaɗai na hana shi kai ni. Na ce gonar nan da hannuna a kan sitiyari zan koma mata. Masu yi mini aiki sun aiko cewa gero ya fitar da kai, wai bana ya fi na bara, in zo in gani kafin a yanke. Na ce su dakata mini. Suka ce gero ba ya dakatawa. Jiya na sake bugawa asibitin ko za su matso mini da ranar, aka ce in yi haƙuri, layi ne.